Madubin Jiya: ku taya ni kafa wa rijiyar nan dokoki

'Yar Marina:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Wata bakwai ke nan ina fama da wani labari, yau dai na ce bari in kawo shi gaban manya, domin na kai inda na kasa gaba na kasa baya.

Labarin a wata duniya yake da na ƙirƙira. Birni ne mai ganuwa, a tsakiyarsa akwai tsohuwar marina da aka daina rini a cikinta. Ramukan duk ƙasa ta cike su sai guda ɗaya mai zurfin gaba 6, an shafe cikinsa da laso, an jera masa farantan tagulla da aka goge har suna ɗaukar ido, tun daga baki har ƙasa. Ruwan cikinsa ba ya motsi. Mutanen birnin suna ce masa Madubin Jiya. Masu kula da shi jikokin mabuga ne, waɗanda kakanninsu ke buga shuni a jikin rawani. In aka ɗaga murfin, ruwan zai riƙa sauraren duk abin da ke faruwa a kewayensa. In Sarkin Mabuga ya ɗaga sanda ya doki bakin ramin sau ɗaya, sai komai ya koma da baya ta hanyar da ya biyo. Tulun da ya fashe ya haɗe, hayaƙi ya koma cikin itace, maganar da ta fita ta koma baki.

Ga inda gizo ke saƙar. Na rubuta babi 9, kuma duk sanda jarumata ta shiga uku sai a doki rami a huta. Ƙawata ta karanta ta ce tun daga babi na 4 gabanta ya daina faɗuwa, tunda ta san komai ya lalace za a gyara. Gaskiya ta faɗa mini. So nake abin nan ya zama sana'a kamar ƙira ko jima, mai ƙa'ida, mai iyaka, mai tsada. Don Allah wanda ya san wani abu ya taimaka.

Baba Mai Rediyo:
Wa alaikumus salam 'yata. Shekara 30 na yi ina gyaran rediyo da rakoda, to bari in ba ki abin da hannuna ya sani. Kaset in zarensa ya kwance, biro muke zura masa mu naɗe. Za ki iya mayar da shi farko sau ɗari, amma abin da aka ɗauka a kansa kaɗai zai ba ki. Wanda bai danna jan maɓalli ba, ko kwana ya yi yana juya biro ba zai ji komai ba. Dokarki ta farko ke nan: abin da ya faru murfi na rufe, ya tafi ke nan. Kuma ki sani, duk kaset ɗin da aka cika mayarwa, zarensa miƙewa yake yi, muryar ta fara rawa.

Malamin Fiziks:
Baba ya riga ni, kuma ya yi daidai. Ƙanwata, zan ba ki labarin da zai ba ki mamaki: abin da kika ƙirƙira yana da ɗan'uwa a duniyar nan, har ma sunansu kusan ɗaya.

A farkon shekarun 1990 wani masani a Faransa mai suna Mathias Fink da abokan aikinsa suka haɗa abin da suka kira madubin mayar da lokaci, amma na sauti. Ga yadda yake aiki. Ki jera ƙananan na'urori masu yawa, kowace tana iya ji kamar makirfo, tana kuma iya fitar da sauti kamar lasifika. Sai a yi ƙara ɗaya a wani wuri. Ƙarar za ta bazu, ta bugi wannan, ta kauce wa wancan, ta isa ga kowace na'ura a lokaci daban, a hargitse. Kowace sai ta adana abin da ta ji, sannan duk su sake shi a juye, na ƙarshe ya zama na farko. Sautin sai ya bi sawunsa, ya koma ya tattaru daidai inda ya tashi. Har sun gwada ratsa shi ta cikin dajin siraran sandunan ƙarfe da aka kafa barkatai a cikin ruwa, sai ga shi tattaruwar ta fi kyau fiye da in babu sandunan. An yi aikin amfani da wannan dabara wajen auna tsakuwar ƙoda don a farfasa ta ba tare da an yanka mutum ba.

Wanda ya fi kama da naki shi ne na 2016. Fink ɗin da wani abokin aikinsa Emmanuel Fort suka tayar da igiyar ruwa a cikin wani faffaɗan mazubi, tana cikin bazuwa sai suka fizgi mazubin ƙasa, fizga ɗaya mai ƙarfi cikin ƙiftawar ido. Igiyar ta juyo ta koma inda ta taso, har siffar da aka fara bugawa a kan ruwan ta sake bayyana. Bugu ɗaya, kamar na Sarkin Mabuganki.

Amma ki riƙe wannan da kyau, don shi ne naman. A lokacin fizgar, igiyar rabuwa take yi biyu. Ɗaya ta juyo baya, ɗayar ta ci gaba da tafiyarta kamar ba a yi komai ba.

'Yar Marina:
Malam, tsigar jikina ta tashi. Wallahi ban taɓa jin wannan ba. Ni daga kakana na ɗauko hoton ramin, marini ne, ina ƙarama nakan zauna kusa da shi in ga ya tsamo zane daga cikin baba yana kore-kore, kafin ya gama matse shi iska ta mayar da shi shuɗi a gaban idona. Kullum sai in ce ya mayar da shi kore in sake gani.

Wato kana nufin ko an doki ramin, wani abu daga cikin abin da ya faru zai ci gaba da tafiya?

Malamin Fiziks:
Haka nake nufi. Abin da ya riga ya fita daga da'irar farantanki ba naki ba ne kuma.

Ɗan Damagaram:
Salamu alaikum ƴan uwa. Ni tambayata a kan sunan take. Me ya haɗa madubi da lokaci? Madubi dama da hagu yake juyawa, ba jiya da yau ba. In rijiya ce a ce rijiya. Mai karatu zai ruɗe.

Malamin Fiziks:
Ɗan'uwa, je ka tsaya gaban madubi ka nuna gabas da hannunka alhali kana fuskantar arewa. Na cikin madubin ma gabas zai nuna. Ka nuna sama, zai nuna sama. Yanzu ka nuna madubin kansa, wato arewa. Shi kudu zai nuna. Gaba da baya madubi ke juyawa, mu ne muke fassara shi da dama da hagu. Don haka sunan ya zauna daram: abin da ya tunkare shi, shi yake juyowa.

Kuma kowane madubi jiya yake nuna maka, sai dai jiyan ta yi kusa ƙwarai. Haske yana cin kusan kilomita 300,000 a sakan ɗaya. In kana mita ɗaya da rabi daga madubi, fuskar da kake gani ta tsufa da kashi ɗaya cikin miliyan 100 na sakan. 'Yan sama jannatin Amurka sun ajiye wani madubi a duniyar wata a 1969, har yau ana harba masa haske daga nan, yana ɗaukar kimanin sakan biyu da rabi kafin ya je ya dawo. Ranar da kake gani a sama kuwa, ta minti 8 da 'yan sakanni da suka wuce ce.

Ɗan Damagaram:
To na karɓi na sunan. Amma gani daban, komawa daban. Ganin jiya bai kai ka jiya ba.

Anti Mai Hoton Asibiti:
Ƙanwata sannu da ƙoƙari. Ni a ɗakin hoton MRI nake aiki, kuma kullum da irin bugun nan naki muke cin abinci, ko da yake ban taɓa kallonsa ta wannan fuskar ba sai yau da na karanta Malam.

Na'urar tana da maganaɗisu mai ƙarfi. In mutum ya kwanta a ciki, ƙananan ƙwayoyin da ke cikin ruwan jikinsa sai su zama kamar 'yan kaɗi suna juyawa. Mukan tashe su gaba ɗaya a tare, amma nan da nan sai su rarrabu, don wasu sun fi wasu sauri, sai siginar ta ɓace. Sai mu aika bugu na biyu da ke juya su. Ki ɗauka dawaki ne aka saki a filin sukuwa, akwai ingarma akwai ƙuru. Bayan minti ɗaya aka busa ƙaho kowa ya juyo da irin gudun da ya tafi da shi. Ingarma ya yi nisa amma yana da sauri, ƙuru yana kusa amma a hankali yake. Tare za su iso bakin layi. Haka siginar take dawowa, mu kama ta mu haɗa hoto. Wani Ba'amurke Erwin Hahn ne ya gano wannan a 1950.

Abin da zai yi miki amfani shi ne, amsa-kuwwar, wato siginar da ta dawo, ba ta taɓa zuwa da cikakken ƙarfinta. Dokin da ya yi tuntuɓe a hanya, ko wanda wani ya banke, ƙaho ba ya gyara masa. Kuma gwargwadon jinkirin busa ƙahon, gwargwadon yawan waɗanda ba za su dawo ba. Mu a wajenmu maganar ba ta kai sakan ɗaya ba a yawancin sassan jiki. Ke kuwa duniyarki ce, ki ba su daga asuba zuwa hantsi in kin so. Amma tulun da aka mayar bayan awa ɗaya ya dawo da tsaga a gefe, wanda aka mayar bayan yini guda ya dawo yana yoyo.

'Yar Marina:
Anti Allah ya saka da alheri. Na rubuta: tsaga, sannan yoyo. Har na hango kasuwar birnin, ana taya tulu ana ƙwanƙwasa shi a ji ko ya taɓa shiga rami.

Almajirin Zaure:
Assalamu alaikum. Allah ya ƙara basira. Na bi bayanan nan duka, na ƙaru. Sai dai akwai abin da ya tsaya mini a rai, kuma ba don in kashe wa 'yar'uwa gwiwa ba.

Tulu da hayaƙi ba su dame ni ba. Mutuwa fa? In aka kashe mutum a bakin ramin nan murfi na buɗe, aka doka, zai tashi? Domin Alƙur'ani ya yi magana a kan wannan roƙon kansa. A Suratul Mu'minun, aya ta 99 da ta 100, idan mutuwa ta zo wa ɗayansu sai ya ce ya Ubangiji ku mayar da ni, ko na aikata na ƙwarai cikin abin da na bari. Amsar ita ce a'a, kalma ce kawai yake faɗa, kuma a bayansu akwai shamaki har ranar da za a tashe su. Sannan duk inda Alƙur'ani ya ba mu labarin wanda lokaci ya saɓa masa, gaba aka kai shi. Mutanen kogo sun yi shekara 300 da ƙarin 9. Mutumin da ya wuce ta alƙaryar da ta rushe, a Baƙara aya ta 259, shekara 100 ya yi, ya tashi ya tarar abincinsa bai canza ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Kuma wannan ikon Allah ne, ba sana'ar wani mabugi ba.

Yara za su karanta littafin nan. Ina jin tsoron a sa musu a rai cewa ajali abu ne da ake juyawa da sanda.

Ɗan Damagaram:
Allah ya gafarta Malam, ai labari ne. Mun tashi ana ba mu tatsuniyar Gizo yana magana da kura, babu wanda ya girma ya je daji neman hira da ita. In an ce ga ta nan ga ta nanku, kowa ya san an shiga wata duniya, in an ce ƙurunƙus an fito. In muka ce duk abin da ba ya faruwa ba za a rubuta shi ba, to mu rufe zauren nan.

Almajirin Zaure:
Ban ce kada a rubuta ba, ɗan'uwa. Kura mai magana ba ta taɓa aƙidar kowa. Wanda ya binne mahaifiyarsa jiya, shi ne zai ɗauki littafin nan da dare, kuma ba da idon tatsuniya zai karanta ba. Hadisi ya zo a Sahihu Muslim cewa in abu ya same ka kada ka ce da na yi kaza da kaza ya faru, ka ce Allah ya ƙaddara kuma abin da ya so ya aikata, domin "da" tana buɗe aikin Shaiɗan. Rijiyar nan kuwa "da" ce aka gina da laso da tagulla.

Ɗan Damagaram:
To ai shi ya sa ta cancanci a rubuta ta. Kowa na ɗauke da irin wannan rijiya a ƙirjinsa. Gara a fito da ita fili a ga ƙarshenta.

Mai Kula da Zaure:
Jama'a muhawara ta yi daɗi, a ci gaba da mutunta juna. A bar mai labari ta ce wani abu.

Malamin Fiziks:
Kafin ta zo, bari in ƙara abu ɗaya, don ina ganin ilimin da nake koyarwa ma ba ya ba da abin da Malam ke tsoro da arha haka.

Sauti da igiyar ruwa suna juyuwa don abubuwa ne masu sauƙi. Tulu ba haka yake ba. A 1876 wani masani a Ostiriya, Josef Loschmidt, ya ƙalubalanci abokinsa Ludwig Boltzmann da wannan tambayar taki. Ya ce dokokin motsi ba su san gaba da baya ba, in ka juya gudun kowace ƙwaya a lokaci ɗaya, dole komai ya koma yadda yake. A takarda gaskiya ne. Amma a cikin ruwa giram 18, wato babban cokali da 'yar ɗoriya, akwai ƙwayoyi da adadinsu ya kai 6 da sifili 23 a bayansa. Kowace sai an juya ta daidai, ba kuskure ko na gashi. In kaɗan suka kauce, su bangaji na kusa da su, na kusa su bangaji na gaba, kafin ki farga duk aikin ya rushe. Hanyoyin da abu zai watse sun fi hanyoyin da zai haɗu yawa nesa ba kusa ba. Tsalle ɗaya ake yi a faɗa rijiya, a yi dubu ba a fito ba.

Kuma in kin tilasta wa wani wuri ya koma cikin tsari, to watsewar ba ɓacewa take yi ba, wani wurin ake kai ta. Ki taɓa bayan firij ki ji. Sanyin da ke ciki, zafinsa ne ake zubarwa a ɗakin, har da ƙari. Wani masani mai suna Rolf Landauer ya nuna a 1961 cewa ko goge bayani a kwamfuta yana da mafi ƙarancin zafin da dole ya fitar. Don haka tambayar da nake so ki amsa a labarinki ita ce: in an haɗa tulun Sarki, ina ake zubar da fashewar?

Baba Mai Rediyo:
Bayan gari mana. Ina ake zubar da shara dama?

'Yar Marina:
Baba ka gama ni. Unguwar da ke bayan marina, inda ruwan rini ke kwarara tun zamanin kakanni. Duk ranar da aka doki rami, nonon da ke ƙwaryarsu ya yi tsami kafin azahar, katanga ta tsage, jaririn da aka yaye ya kwana da zazzaɓi, yarinya 'yar shekara 20 ta wayi gari da furfura. Su ba su taɓa ganin ramin ba, jin bugun kawai suke yi daga nesa, uwaye su fara tattara yara. Kuma jarumata can ya kamata a haife ta, ni kuwa na je na ajiye ta a gidan sarauta. Babi tara ɗin nan sai na sake su daga tushe.

Anti Mai Hoton Asibiti:
Akwai sauran abu ɗaya da ba wanda ya taɓo. Wanda ke cikin da'irar lokacin da aka doka, tunaninsa fa? Abin da mutum ya tuna a cikin ƙwaƙwalwarsa yake, ita ma jiki ce. In hayaƙi ya koma itace, to abin da ya gani ma ya fita daga kansa. Zai tsinci kansa da safiyar nan da zuciyar da ya tashi da ita, da fushin da ya kwana da shi, bai san an yi komai ba.

Almajirin Zaure:
Subhanallah. Anti, ayar da ta faɗo mini ke nan, Suratul An'am aya ta 28: da za a mayar da su, da sun koma ga abin da aka hana su.

Ɗan Damagaram:
To in haka ne ramin ba shi da amfani ke nan. Ka shiga don ka gyara kuskure, ka manta kuskuren, ka sake yin sa. An tsufar da ƴaƴan talakawa a banza.

Baba Mai Rediyo:
Yana da amfani, ɗana, in akwai wanda ya tsaya a waje. Shi bai manta ba. Shi zai tare ka a bakin ƙofa ya ce kada ka faɗi abin da kake shirin faɗa, na ga inda ya kai ka. Saura ko za ka yarda da shi. Ni dai an sha tare ni a bakin ƙofa ina saurayi, mahaifina ya yi, yayana ya yi, kuma ba rijiya suka shiga ba, shekaru ne suka nuna musu.

'Yar Marina:
Na daɗe ina rubutu ina gogewa kafin in turo wannan.

Malam Almajiri, ka ce wanda ya yi rashi ne zai ɗauki littafin da dare. Wadda ta yi rashi ce take rubuta shi. Shekara biyu ke nan. Yayana ne, wanda nake bi. Da safe muka yi sa-in-sa a tsakar gida a kan kuɗin da ya ce zai ba ni na makaranta bai samu ba. Yana ɗaure igiyar takalminsa, jakarsa na jingine da randa. Na ce masa dama ban sa rai ba, tunda kai ba ka taɓa cika alkawari ba. Bai ce komai ba. Ya ɗago ya dube ni, ya saɓa jaka ya fita. Motar da ya shiga ba ta kai inda za ta ba. Da aka kawo kayansa, a aljihun gaban jakar akwai kuɗin a naɗe cikin takarda da sunana a jiki, bai cika ba, saura kaɗan. Ina jin so yake sai ya cika sannan ya ba ni.

Na yarda da ƙaddara, ban taɓa cewa da ya zauna a gida da bai rasu ba. Kwanansa ne ya ƙare. Kalmar nan ce kawai. Ita nake ta gina wa rami wata bakwai, ina so in ga ta tashi daga kunnensa ta dawo bakina. Yau Anti ta nuna mini cewa da ni aka mayar, da na sake faɗa, domin yarinyar da ke tsaye a tsakar gidan nan ba ta san abin da ke aljihun jakar ba.

Anti Mai Hoton Asibiti:
Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙansa ya sa ya huta. Ƙanwata, da na san haka ne da na tausasa yadda na faɗa. Mutumin da ke tara miki kuɗi a ɓoye ya san bakin ƙanwarsa, ya san kuma zuciyarta. Ki yi masa sadaka da abin da ya bari in kin samu iko.

Almajirin Zaure:
Allah ya gafarta masa, ya haskaka kabarinsa, ya ba ku haƙuri. 'Yar'uwa ki yafe mini in maganata ta fama miki ciwo. Ki yawaita yi masa addu'a, ita kam tana isa inda sanda ba ta kaiwa. Game da littafin, ga abin da nake roƙo: ramin ya iya mayar da jiki, ya rufe rauni, ya mayar da jini cikin jijiya, amma rai in ya fita ya riga ya bar da'irar, kamar rabin igiyar nan da Malam ya ce tana ci gaba da tafiya. In kika tsaya a nan, ni da kaina zan saya wa ƙannena.

Ɗan Damagaram:
Allah ya jiƙan yaya. Ni har yanzu ina ganin marubuci na da ƴancin ya kai labarinsa inda ya so, ban sauka daga kan wannan ba. Amma a wannan labarin, abin da Malam Almajiri ya faɗa ya fi ƙarfi. Ku duba: Sarki ya sa a doki rami a kan gawar ɗansa, a gaban duk fadawa. Raunin ya rufe, rigar ta koma fara fes, yaro na kwance kamar mai barci, aka yi ta jiran ya buɗe ido. Ya ce a sake dokawa. Aka sake. Can bayan gari kuwa katangu na zubewa. Wannan babi ne da ba za a manta da shi ba.

Malamin Fiziks:
Amin ga addu'o'in. Ƙanwata, gyara ɗaya kawai, don kada wani ɗalibina ya kama ki. Bugu na biyu ba zai ƙara mayar da su baya ba. In ka juya abin da ka riga ka juya, gaba ya fuskanta. Haka yake a na'urar su Anti ma, bugu bayan bugu sake tattaro su yake yi, kowane karo da rauni fiye da na baya. Don haka in Sarki ya ce a sake dokawa, raunin zai sake buɗewa a gaban idonsa. Mabugan sun san haka. Shi ne bai sani ba, kuma babu mai iya gaya masa.

'Yar Marina:
Na gode, na gode ƙwarai. Ban san me zan ce ba. Amin, Allah ya bar zumunci.

Ga yadda na tsara yanzu. Jarumata 'yar bayan marina ce, an ɗauke ta aiki a matsayin mai tsayuwa a waje, domin mabuga ba sa ba 'ya'yansu wannan aikin, ya fi kowane nauyi. Ita ke tuna duk abin da aka goge a birnin. Ta san abin da Waziri ya faɗa kafin a mayar da shi, ta san wanda ya ɗaga wuƙa, su kuwa suna wuce ta a hanya suna amsa gaisuwarta. Aikinta ta tare mutum a bakin ƙofa, kuma cikin goma da wuya biyu su saurare ta. Ranar da nata yayan zai fita, murfin a rufe yake.

Malam, tambaya ta ƙarshe: mai tsayuwa a wajen, taku nawa ya kamata ta ja baya daga bakin ramin?

Malamin Fiziks:
Ke za ki yanka, amma ki ɗaure shi da wani abu da ake iya gani. Misali iyakar inda hasken farantan ke kaiwa a ƙasa in rana ta take. Da hantsi da'irar ta karkata yamma, da la'asar ta karkata gabas, sai ya zama dole ta san rana kamar yadda manomi ya san ta, in ba haka ba wata rana gefen zanenta zai shiga.

Baba Mai Rediyo:
'Yata, kakan naki yana raye?

'Yar Marina:
Yana nan Baba, sai dai ido ya yi rauni, ya daina zuwa karofi. Ranar Asabar zan je in zauna da shi. Ina so ya gaya mini yadda ake haɗa laso da katsi, da kuma irin ƙarar da rami ke yi in an doki bakinsa yana cike, don ni a bushe kawai na taɓa ji.

Baba Mai Rediyo:
Ki tafi da waya ki ɗauki muryarsa. Ki tabbata kin danna kafin ya fara.